Me ya hana jirgin ƙasan Nijar tashi daga tasha?

Ranar 29 ga watan Janairun 2016, ana saura mako uku a kaɗa ƙuri'ar shugaban ƙasa, shugaban Nijar na lokacin, Issoufou Mahamadou, ya buɗe layin dogon da kamfanin Bolloré na Faransa ya shimfiɗa daga Yamai zuwa Doso, tafiyar kilomita 140 da 'yan kai. An yi kiɗa, an yi guɗa, aka ce Nijar ta fita daga sahun ƙasashen da ba su taɓa jin kukan jirgin ƙasa ba. Daga ranar zuwa yau babu ɗan kasuwar da ya saba loda buhun shinkafa a tarago a Doso ya sauke a Yamai, babu kuma matafiyin da ya saba yankar tikiti. Wanda ya bi hanyar Doso yana iya hango layin ta tagar mota, yana rakiyar kwalta ta wajen Kure da Birnin Gaure. Wani wuri ruwan damina ya kwashe tsakuwar da ke ƙarƙashinsa ya bar ƙarfen a rataye, wani wuri zafin rana ya lanƙwasa shi, wani wuri kuma ciyawa ta rufe shi awaki na kiwo a kai.

In zancen ya taso a fada, tun kafin a zuba shayi na biyu mutane sun rabu gida biyu. Masu cewa Anasara ne ya yi mana sakiyar da ba ruwa, da masu cewa 'yan siyasa ne suka so abin ɗaukar hoto gabanin zaɓe. Kowane ɓangare yana da abin kamawa. Amma ni a ganina ko da waliyyai ne suka yi aikin, da ƙarfe mafi nagarta a duniya, jirgin nan ba zai yi tafiya ba, saboda an fara layin daga bakin da ba shi da kaya.

Dogo sana'a ce mai lissafi ɗaya. Ana zuba kuɗi masu nauyi tun kafin a ɗauki ko da kilo guda: sharar hanya, cikon ƙasa, gadoji, tsakuwa, ƙarfe, kan jirgi, taragai, wurin gyara, ma'aikata. Bayan haka ne sauƙin ke zuwa, don kan jirgi ɗaya yana jan abin da tireloli masu yawa za su ɗauka, da man da bai kai nasu ba. Wannan sauƙin ba ya biyan bashin da aka ci sai in kayan masu nauyi ne, tafiyar mai nisa ce, kuma ana yin ta kullum. To mene ne ke tasowa daga Doso zuwa Yamai da ya cika waɗannan sharuɗɗa? Motar fasinja tana cinye hanyar cikin awa biyu ko ƙasa da uku, ta sauke mutum kusa da unguwarsu. Kayan da ke cika mangazoji da rumfunan Katako da Babbar Kasuwa kuwa, shinkafa da sukari da ƙarfen gini da taki, ba a Doso ake samunsu ba. Daga teku suke fitowa, Doso mashiga ce kawai.

Sai an koma baya kafin a gane yadda aka iso nan. Faransawa sun fara shimfiɗa dogo daga Kwatano a 1900, suka kai shi Paraku da ke tsakiyar ƙasar Benin ta yau a 1936, kilomita 438, suka tsaya. Ta yamma, wanda ya taso daga Abijan ya isa Bobo Julaso a 1934, ya isa Wagadugu a 1954, shi ma ya tsaya, duk da cewa a takarda Yamai aka nufa da shi. Nijar ƙasar soja ce a idon Faris, mai faɗi da ƙarancin abin ɗauka, ba su ga dalilin ƙarasawa ba. Su kuwa Ingilishi sun kai nasu Kano tun 1911, sannan Ƙaura Namoda a 1929 da Nguru a 1930, kusan a bakin iyakarmu. Abin da ya biyo baya kowa ya ji shi a bakin kakanni: gyaɗar Maraɗi da Damagaram ta riƙa gangarawa kudu a kan raƙuma da jakuna, daga baya a mota, ta shiga jirgi a Kano ta nufi Legas. Hanyar kasuwa ta bi inda ƙarfe yake, ba ta bi inda tuta take ba.

Wannan bai yi wa Faransawa daɗi ba. A shekarun 1950 suka kafa wani tsari da suka kira Hirondelle, wanda ke jan gyaɗar Nijar a mota zuwa Paraku, a zuba ta a jirgi zuwa Kwatano, motocin kuma su komo da kayan da aka shigo da su, ana tallafa wa kuɗin dakon don ya iya gogayya da hanyar Kano. A 1959 aka kafa hukumar haɗin gwiwar Dahome da Nijar mai kula da dogon, wadda ta koma OCBN bayan Dahome ta canja suna zuwa Benin. Ke nan fiye da shekara hamsin Nijar tana da hannun jari a kamfanin jirgin ƙasa alhali babu taku ɗaya na dogo a ƙasarta. Abin dariya ne a baki, amma tsarin ya yi aiki na wani lokaci, kuma uraniyom ɗin Arlit ma ya bi ta nan.

Inda ya yi rauni shi ne Paraku. A ɗauki buhun shinkafa ɗaya a bi shi. An sauke shi daga jirgin ruwa a Kwatano, ya kwana a mangaza, 'yan dako sun loda shi a tarago. Ya iso Paraku, an sake sauke shi, ya jira motar da layi ya zo kanta, an sake lodawa. Kowace saukewa akwai kuɗin dako, akwai buhun da ya fashe, akwai wanda ya yi ƙafa, akwai kwanakin da kuɗin ɗan kasuwa ke kwance ba ya juyawa. Da kwalta ta haɗe Kwatano da Malanbil, garin Benin da ke bakin iyakarmu, mai kaya ya yi lissafinsa: ya loda sau ɗaya a bakin teku, karen mota ya ɗaure tamfal, kada a kwance sai a Yamai. Gyaɗar da ke cika taragai a hanyar komawa kuma fari da cutar shekarun 1970 sun riga sun karya ta. Jirgi ya rasa kaya, ya rasa kuɗin gyara, ya ƙara jinkiri, ya ƙara rasa kaya. Zuwa tsakiyar shekarun 2000 har jirgin fasinja ya daina zuwa Paraku. A gefe guda kuma masu manyan motoci sun zama ƙarfi, da yarjejeniyar da ta ba motocin Nijar kashi biyu cikin uku na kayan da ke ratsowa. Wanda abincinsa ke kan wannan rabo ba ya cikin masu addu'ar jirgi ya zo, kuma ban ga laifinsa ba.

A kan wannan kufai Vincent Bolloré ya zo da babban zanensa: zoben dogo na wajen kilomita 2,700 da zai haɗa Abijan, Wagadugu, Yamai da Kwatano. Yana da hujjar yin mafarkin, tunda kamfaninsa ke riƙe da layin Abijan zuwa Wagadugu ta hannun Sitarail, kuma shi ke tafiyar da wuraren sauke kwantena a Abijan da Kwatano da Lome. Wanda ya mallaki bakin teku da dogo ya mallaki hanyar gaba ɗaya. A watan Afrilun 2014 aka buɗe tashar Yamai aka soma aiki. Yarjejeniyar da ta ba shi izinin gudanar da layin kuwa ba a sa mata hannu ba sai a watan Agustan 2015, wato an yi fiye da shekara ana shimfiɗa ƙarfe kafin takarda ta kammala. Aka kafa kamfanin Benirail, Bolloré na da kashi 40 cikin 100, gwamnatocin Benin da Nijar goma-goma, sauran na 'yan kasuwan ƙasashen biyu.

Mai hankalin dogo daga Paraku zai fara, ya riƙa turo layin arewa, don kowane kilomitan da ya ƙara yana haɗe da teku, kuma kayan aikin kansu jirgi ne zai kawo su bakin aiki. An yi akasin haka. Ƙarfen da aka shimfiɗa a Yamai a kan tirela ya zo. Tsakanin Doso da Paraku aka bar giɓin sama da kilomita 400, har da ƙetaren kogin Kwara a Gaya. Igiyar guga ce aka saƙa mai kyau, aka ɗaura a bakin rijiya, amma ba ta kai ruwa ba.

Giɓin kuma bai cike ba saboda layin yana da wani mai shi. Samuel Dossou, attajirin Benin mai kamfanin Petrolin, ya ce shi ƙasashen biyu suka ba aikin tun 2010 bayan an yi takarar kwangila. Ya kai ƙara, kotun ɗaukaka ƙara ta Kwatano ta ba shi gaskiya a watan Nuwamban 2015 ta ce a dakatar da aiki a ɓangaren Benin, kotun ƙolin ƙasar ta tabbatar a 2017. Ke nan ranar da ake guɗa a Doso, hukuncin da ya datse layin ya riga ya yi wata biyu da fita. A 2018 Shugaba Patrice Talon na Benin ya nemi Bolloré da Dossou su janye, yana ganin aikin Bolloré bai kai matsayin da ake so ba, yana kuma hangen China. China ba ta shimfiɗa ba. A ƙarshen 2022 Bolloré ya sayar da harkokinsa na sufuri a Afirka ga kamfanin MSC ya kama gabansa.

Sukar Talon ta taɓo wani abu da ba a cika yi wa mutane bayaninsa ba, wato faɗin layi. Tazarar da ke tsakanin ƙarafa biyu na dogo ba ɗaya ba ce ko'ina. Wanda Faransawa suka bari a Benin da Kodibuwa da Burkina mita ɗaya ne cif, kuma shi Bolloré ya bi, don ya haɗu da abin da ke ƙasa. Tsohon layin Najeriya milimita 1,067 ne. Sababbin da ake yi yanzu, irin na Abuja zuwa Kaduna da aka buɗe a 2016 da na Legas zuwa Ibadan na 2021, milimita 1,435 ne, wanda yawancin duniya ke amfani da shi. Taragon wannan ba ya hawa layin wancan, ko da bambancin bai kai tsawon yatsa ba. Duk inda faɗi biyu suka haɗu an sake haifar da wata Paraku: a sauke, a jira, a loda. Ba na cikin masu raina mita ɗaya. Ya fi araha, kuma da shi Sitarail ke kai wa Burkina mai da siminti da hatsi shekara da shekaru. Aibin shi ne ƙasa ɗaya ta tashi da faɗi biyu ba tare da ta zauna ta zaɓa ba, kuma hanyar da muka kama ke nan.

Sai babbar tambaya, wadda masu zane a taswira ke tsallakewa: me jirgin zai ɗauka in zai koma teku? Da an ce haka sai a ce uraniyom. Uraniyom yana da tsada amma ba shi da nauyi. Ko a shekarun da aka fi haƙarsa, Nijar ba ta kai ton 5,000 a shekara ba, abin da 'yan jirage ƙalilan za su kwashe su zauna zaman jiran baɗi. A kwatanta da Muritaniya, ƙasar da ta fi mu rairayi. Tun 1963 jirginta ke tafiyar kilomita 704 daga Zuwerat zuwa Nuwadibu, tsawonsa ya haura kilomita biyu, yana sauke sama da ton miliyan 10 na ƙasar ƙarfe a shekara. Hamada ba ta hana dogo. Rashin kaya ne ke hana shi.

Mu ma mun ga haka da idonmu. Bututun mai daga Agadem zuwa Seme a gaɓar Benin ya kusa kilomita 2,000, ya ninka giɓin Doso da Paraku sau huɗu, amma an fara shi a 2019 kuma a 2024 jirgin ruwa ya yi lodin farko. Ba a sha shekaru ana taron neman masu ba da lamuni ba, don kamfanin CNPC na China yana da man, yana da mai saye, ya san ranar da kuɗinsa za su fito. Sai dai wannan nasarar ta ɗauke wa dogo kaya mafi nauyi da ƙasar ke fitarwa.

Abin da ya rage mana mai yawa shi ne albasa, wake da dabbobi. Wanda ya taɓa tsayawa a Galmi ko Madawa lokacin kakar albasa ya san yadda abin yake: buhuna jere a bakin kwalta, an ɗinke bakinsu, dillalai na ciniki da waya a kunne, tirela ta cika ta tashi a daren don albasa ba ta son jira, zafi ya dafa ta a buhu. Mai ita yana son motar da za ta sauke masa a Kumasi ko Akara ko Abijan, gaban wanda zai saya. Shanu da raguna da wake kuwa mafi yawansu kudu suke yi, kasuwannin Najeriya, ta Kwanni da Dan Isa da Magarya. Kusan babu ɗaya daga cikinsu da hanyarsa ta bi ta Yamai zuwa Kwatano. Akwai ƙarfen Say da gawayin Salkadamna a jihar Tawa da ake ambata, amma ma'adinin da ke cikin ƙasa ba ya biyan bashin banki sai an samu mai haƙarsa. Jirgin da zai zo cike ya koma wayam, shinkafar da ya kawo ce za ta biya kuɗin zuwa da komowa.

Duk wannan lissafin kafin 26 ga Yulin 2023 ne. Bayan juyin mulki CEDEAO, ƙungiyar ƙasashen Afirka ta Yamma, ta sa takunkumi, Benin ta rufe iyaka, tireloli suka yi layin kilomitoci a Malanbil. Da aka ɗage takunkumin a watan Fabrairun 2024, Yamai ce ta bar gadar da ke tsakanin Gaya da Malanbil a toshe bisa dalilan tsaro. Mutane da ƙananan kaya suka koma ƙetare kogi a kwale-kwale, manyan kaya suka koma Lome, su ratsa Burkina ta Kaya da Dori su shigo ta Tera cikin ayari da rakiyar sojoji. Kowace uwar gida a Yamai ta ji nisan wannan hanyar a kuɗin cefane. Wani zai ce ai wannan ne ya nuna muna buƙatar dogo. Ni darasin da na gani daban ne. Tirela ta juya kai daga Kwatano zuwa Lome cikin 'yan makonni. Da mun ci bashin ɗaruruwan miliyar mun ɗaure kanmu da ƙarfe zuwa Kwatano, da ƙarfen yana nan kwance, bashin yana tafiya. Mai ba da rancen shekara talatin yana duban wannan kafin ya duba taswira. Maganar haɗa Bamako, Wagadugu da Yamai da ake yi a ƙawancen AES na Mali, Burkina da Nijar tana da daɗin ji, kuma ƙarasa layin da Thomas Sankara ya fara turawa Kaya da hannun talakawa a 1985 zuwa Yamai, wajen kilomita 400, ba mafarkin banza ba ne. Amma ƙasashen uku babu mai teku, ƙarshen layin dole ya faɗa tashar ruwan wata ƙasa, irin Abijan ko Lome, kuma yankin da zai ratsa shi ne inda ko mota ba ta wucewa sai da bindiga a gaba.

Shi ya sa nake ganin idon Yamai ya fi kamata ya koma gabas. A watan Fabrairun 2021 shugaban Najeriya na lokacin, Muhammadu Buhari, ya aza harsashin layin Kano zuwa Maraɗi, kilomita 284 ta Kazaure, Daura, Katsina da Jibiya, da reshe zuwa Dutse. Kamfanin Mota-Engil na Fotugal ke aikin, kuɗinsa kusan dalar Amurka miliyar 2, wato sama da miliyar 1,000 na sefa, fiye da sulusin kasafin kuɗin Nijar na shekara guda da ke kai-komo a wajen miliyar 3,000. Najeriya ce ta ɗauki nauyin, kuma Buhari ya sha suka a kudancin ƙasarsa kan me ya sa za a kai wa wata ƙasa dogo da kuɗinsu. Niyyarsu ba ɓoyayya ba ce: su janye kayan Nijar daga Kwatano da Lome zuwa Legas. Tsohuwar hanyar gyaɗa ce ake son tayarwa. Kuma a nan mutanen suke. A ƙidayar 2012 jihohin Damagaram, Maraɗi da Tawa sun ɗauki kusan kashi 60 cikin 100 na al'ummar ƙasar, kuma cinikinsu da Kano da Katsina da Sakkwato bai taɓa jiran yarjejeniyar gwamnati ba. Layin yana da abin da na Doso bai taɓa samu ba, wato babbar kasuwa a ɗaya bakin, ko da bai kai teku ba.

Kada dai a yi saurin guɗa karo na biyu. Kafin kwantena ta taso daga Legas ta iso Maraɗi ba a sauke ta ba, sai layin Kaduna zuwa Kano ya kammala, sai kuma an cike tsakanin Ibadan da Abuja da sabon faɗi, wanda shi ne yanki mafi tsawo. Tashar jiragen ruwa ta Apapa da ke Legas ta yi suna wajen cunkoso. Harin da aka kai wa jirgin Abuja zuwa Kaduna ranar 28 ga Maris 2022 ya nuna cewa dogo ma yana buƙatar mai gadi, kuma dajin Jibiya ba baƙo ba ne ga 'yan bindiga. Iyakar Najeriya ita ma tana rufuwa: Buharin da ya aza harsashin shi ne ya rufe ta daga Agustan 2019 zuwa Disambar 2020.

Duk da haka akwai abubuwan da ke hannunmu a Maraɗi, waɗanda ba sa buƙatar miliyar dubu. Filin sauke kaya da mangazoji a bakin tashar, da injin ɗaga kwantena, don kada a koma dako da ka. Yarjejeniyar duwan, wato kwastan, da za ta sa a duba tarago sau ɗaya, ba a Jibiya a sake a Dan Isa ba. Zama da ƙungiyoyin masu motoci tun yanzu, don su ne za su kwashi kayan daga Maraɗi zuwa Tawa, Agadas da Damagaram, kuma in an bar su a waje suna da hanyoyin da za su sa jirgin ya yi ta jira. Sannan hukuncin faɗi. Ranar da layin milimita 1,435 ya tsaya a Maraɗi, duk wanda zai ƙara shi yamma ta Madawa, Kwanni da Dogon Dutsi zai iso Doso ya tarar da mita ɗaya a kwance. A ranar sai an zaɓa: ko a tone kilomita 140 ɗin nan a sake su, ko a riƙa sauke kaya a Doso ana sake lodawa saboda tafiyar awa biyu.